Madubin da Na Ɓoye a Rumbu

Ni 'yar fari ce, kuma duk wadda ta tashi 'yar fari a ƙauyukanmu na tsakanin Tsiga da Malumfashi a wancan zamani ta san abin da nake nufi. Innarmu ba ta taɓa kiran sunana ba. "Ke" nake a bakinta, idan kuma da baƙi a gidan sai in koma "waccan". Ba ta kallona ido da ido, ba ta yaba mini, idan na faɗi na fasa gwiwa sai ta kau da kai ta jira wani ya ɗaga ni. Kunyar ɗan fari ke nan, haka ta tarar ana yi. Da kakata na da rai da tun yaye an miƙa ni wurinta, to ta rasu kafin a haife ni, shi ya sa na girma a gaban uwar da ke kallon bango idan za ta yi mini magana. Abin ya dame ni ƙwarai, ba zan ɓoye ba. Har na taɓa tambayar Baba ko tsinto ni aka yi a bakin rafi. Ya yi dariya har da tari, ya ce in dai tsintuwa ce to shi ya tsinto kayansa, don kowa ya gan mu sai ya ce kamar an tsaga kara.

Baba manomin auduga ne. Wata shekara, ba da daɗewa ba bayan an samu mulkin kai, audugarsa ta yi kyau, ya kai ta fuloti inda ake awo a saya, ya wuce Funtua, ya dawo wa Inna da madubi. A lokacin matan ƙauyenmu ba su da abin da ya wuce ɗan mitsitsin madubin kwalli, wanda sai ki ga ido ɗaya ki ajiye sannan ki ga ɗayan. Na Inna kuwa ya kai faɗin faifai, da katako koren fenti kewaye da shi. Duk amaryar da za a kai a unguwarmu sai an aiko aro, Inna ta bayar tana jan kunne kamar jariri ta ba su riƙo.

Madubin nan ya fi sabuwar amarya dokoki. Ba a duba shi bayan magariba, don aljani ne zai dube ki. Hadari na tasowa za a kife shi, kada ya jawo aradu. Ba a nuna wa jariri, sai haƙoransa su ƙi fitowa. Ni dai duk na yarda da su, ban bar ko ɗaya ba. Abin da ban gane ba shi ne daɗewar da Inna ke yi tana saka kwalli da safe. Takan zauna a ƙofar ɗaki, bayanta na kallon tsakar gida, madubi a hannun hagu. Baba kuma, da ya saɓa fartanya zai tafi gona, sai ya tsaya can bayanta yana gyaran abin da ba ya bukatar gyara, yau igiyar akuya, gobe ƙotar gatari. Sai ya fita sannan kwallin Inna ke ƙarewa. Ni a wautata cewa nake su biyun duk masu nawa ne.

Ina da shekara goma sha ɗaya Baba ya rasu. Ana tsakiyar maimai, wato noma na biyu, zazzaɓi ya kwantar da shi, kwana uku kacal, kafin a samu motar da za ta kai shi asibitin Malumfashi rai ya yi halinsa. Ya bar ni da ƙanena da ke goye, ya bar Inna da takabar wata huɗu da kwana goma. Ko hoto ɗaya bai bari ba. A ƙauyenmu wa ya san hoto in ba wanda ya je soja ba?

Gwaggo, yayar Baba, ta tattaro kayanta ta dawo gidanmu don ta zauna da Inna. Mace ce mai kirki, Allah ya jiƙanta, amma da a ce dokoki ake shukawa a gona da ta fi kowa rumbu. Ranar da aka yi sadakar uku ta kwance wa Inna kitso, ta kwashe kwalli da lalle da turare, ta ba ta 'yar wuƙa ta ce ta riƙa yawo da ita. Sannan ta sauke madubin daga ƙusa tana kau da fuska, ta naɗe shi da tsohon zane, ta cusa can ƙasan adudu. Limamin ƙauyenmu da ya zo gaisuwa ya ce ado kawai addini ya hana mai takaba, batun madubi camfi ne. Gwaggo ta ce, "Na'am, Malam," da ladabinta. Yana fita ta ce, "Shi ya taɓa yin takabar ne?"

Ni na tsokano ta. Muna tsinke zogale a gindin rumbu da rana tsaka na tambaye ta me zai faru in mai takaba ta duba madubi. Ta waiga, ta rage murya.

"Ke ɗiyar nan, bakinki ya yi tsawo. Mijin nata za ta gani. Nan yake tsayawa," ta dafa kafaɗata ta hagu ta baya, "da likkafaninsa, da audugarsa a hanci. Ba ya magana. Yafito ta kawai zai yi da hannu. Akwai wata can wajen Tsiga, na san ta da idona, ta yi taurin kai ta duba. Ba ta fita takaba ba aka kai ta kusa da shi."

"Ko da mijin mai kirki ne?"

"Masu kirkin su suka fi son a biyo su."

Daga ranar na zama mai gadin adudu ba tare da kowa ya sa ni ba. Baba ya tafi, na haƙura don dole. Amma in Inna ta bi shi, wa ya rage mini? Uwar da ba ta kallona ma ai uwa ce, kuma ita kaɗai gare ni.

Bayan sadakar arba'in na kama ta. Gwaggo ta shiga maƙwabta, ni kuma na dawo daga rijiya da wuri. Na leƙa ta gefen asabari, sai ga Inna zaune a bakin gado, ƙullin madubin a kan cinyarta. Ba ta kwance shi ba, shafa shi kawai take yi. Tulun da ke kaina ya kusa suɓucewa. Na yi gyaran murya da ƙarfi, ta mayar da sauri. Kwana biyu bayan haka na sake ganinta, wannan karon ta kwance zanen, madubin na kife, yatsunta na bakin katakon. Na ga ta ɗan ɗaga gefe ɗaya, kamar mai leƙa tukunya ta ga ko ta tafasa, sai ta sake shi. Na ce a raina gobe ko jibi za ta juya shi gaba ɗaya.

Ban gaya wa Gwaggo ba, don na san za ta tara wa Inna jama'a. Shawara na yanke ni kaɗai. A gidanmu ni ake zura wa cikin rumbu ɗebo dawa, saboda bakinsa a sama yake kuma ba ya cin babba. Washegari, Inna na banɗaki, na zare madubin daga adudu, na ɗaure shi a bayana cikin zane kamar goyo, na yafa wani a kai. Gwaggo ta riƙe mini tsani tana ta mita wai na cika sanyin jiki, ba ta san abin da na goya ba. Na dira ciki. Rumbu da duhu, da zafi, da ƙaiƙayi, hasken da ke shigowa ta sama bai fi faɗin kwano ba. Ina kwance goyon nawa zanen ya zame. Hasken nan ya faɗa kan gilashin, sai ga fararen idanu biyu suna kallona daga ƙasa. Ihun ma ya ƙi fita. Na rufe ido, na kife shi, na yi ta tura shi ƙarƙashin damman dawa da hannu da ƙafa, ina karanta duk abin da na iya, har da addu'ar cin abinci. Da na fito Gwaggo ta ce, "Me ya same ki kika yi fari haka? Ɓera?" Na ce ɓera ne. Amma a zuciyata na tabbatar akwai wani a cikin madubin nan, kuma na yi daidai da na binne shi.

Inna ta gane a ranar. Ta buɗe adudu, ta daɗe a sunkuye, ta rufe. Ba ta da damar tambaya, don in ta tambaya ta tona kanta cewa ta je nema. Ni ma ba ni da damar magana. Sai muka shiga wani irin zama, tana nema a ɓoye, ina kallonta a ɓoye. Ta ɗaga tabarma, ta leƙa bayan randa, ta zazzage buhun tsummoki wai tana neman allura. Da ta gaji sai ta koma yi mini magana ta bakin ƙanena, wanda ko "Inna" bai iya faɗi ba. Ta ɗora shi a cinya tana cewa, "Kai dai in ka girma kada ka zama mai ɗaukar abin da ba a aike ka ba, ka ji? Wasu mutane hannunsu ya fi hankalinsu tsawo." Ni kuma ina gefe ina tankaɗe, na yi kunnen uwar shegu.

Na zaci na ci nasara. To amma Inna sai ta fara zubewa. Ta ɗebi tuwo loma biyu ta ture kwano. Ta zauna ta zuba wa ƙofar zaure ido har inuwa ta juya. Ƙasusuwan wuyanta suka fito, nononta ya ragu har ƙanena ya koma kwana da kuka. Gwaggo ta jiƙa saiwoyi, ta karɓo rubutu, ba abin da ya canja. Na shiga ruɗu. Na ɓoye madubi don kada ta bi Baba, ga shi kuma tana bin sa a hankali ba tare da madubin ba.

Akwai wata tsohuwar Bamagujiya daga ƙetaren rafi da ke kawo mana daddawa tun ina rarrafe. Mai Daddawa muke ce mata, Inna kuma ta ce mata Iya. Ba ta salla, ba ta rufa-rufa, abin da ke cikinta shi ke bakinta, kuma Inna ta fi sakin jiki da ita fiye da duk matan unguwa. Wata ranar ta shigo Gwaggo ba ta nan, ta ajiye ƙwaryarta, ta dubi Inna sama da ƙasa.

"Yarinya, wagga rama fa? Takaba aka ce ki yi ko bin sa aka ce ki yi?"

Ina bayan ɗaki ina wanke-wanke, na tsayar da hannuna. Inna ta sunkuyar da kai. Can na ji muryarta ƙasa-ƙasa.

"Iya, fuskarsa ta ɓace mini. In na rufe ido ina ganin ƙafafunsa har da fason diddige. Ina ganin hannunsa a kan fartanya, ina jin tarinsa. Da na ɗago zuwa fuska sai in ga wayam. Shekara goma sha uku muna tare ban taɓa tsayawa na dube shi ido da ido ba, kin san mu da kunya. A madubin nan kaɗai nake kallonsa, da safe, in ya tsaya bayana. Shi ma ya sani, shi ya sa yake tsayawa. Sau ɗaya kawai nake so in ƙara gani, in riƙe."

"To ki duba mana! Aradu, da nawa tsohon zai fito a madubi da na ba da akuyata an ba ni ɗaya. Akwai sauran faɗan da ba mu ƙarasa ba."

Inna ta yi 'yar dariya, ta farko tun rasuwar, sai dariyar ta juye kuka. "An ce kirana zai yi."

"Mutumin da ko ruwa kika kawo mashi sai ya ce sannu, shi zai raba ki da 'ya'yanki? Ku dai kun iya tsorata kanku."

"Ai an ma ɗauke madubin, Iya. Ban san inda aka kai ba."

Na zauna a bayan ɗakin nan da kwano a hannu, hawaye na zuba cikin ruwan wanke-wanke. Sai a lokacin na gane nawar Inna wajen saka kwalli, na gane igiyar akuyar da ba ta taɓa gyaruwa ba. Tausayinta ya kama ni. Amma maganar Mai Daddawa ba ta kore ta Gwaggo ba, kuma ni da idona na ga idanu a rumbu. Kwana biyu ina juya abin. In na mayar, wataƙila ya yafito ta. In ban mayar ba, ga ta tana ƙarewa a gabana. Sai wata dabara ta faɗo mini, irin wadda sai ɗan shekara goma sha ɗaya ke yi. Gwaggo ta ce a bayan kafaɗar hagu yake tsayawa. To in na riga shi tsayawa a wurin fa? Ai mutum biyu ba sa tsayawa a gurbi ɗaya, kuma Baba bai taɓa ture ni ba tun da nake.

Da aka sake zura ni rumbu na lalubo madubin ido a rufe, na naɗe shi, na sa a ƙasan kwando na lulluɓe da zangarniya. Na jira ranar kasuwar Malumfashi, da Gwaggo ta tafi sayen gishiri da kanwa. Da hantsi ne, rana fes, kaji na ta tono a tsakar gida. Inna na zaune a ƙofar ɗaki, a daidai inda take zama da. Na ajiye ƙullin a gefenta. Na zagaya bayanta ta hagu, na kafa ƙafafuna, na damƙe bakin zanenta da hannu biyu.

Ta dubi ƙullin ta daɗe. Ta ce wa bango, "Ke, tafi waje."

"Ba inda za ni."

Ban taɓa mayar mata da magana ba sai ranar. Na ji tana kwance zanen a hankali, na ji ta yi bisimilla. Na runtse idona iya ƙarfina, na ƙara damƙe zanenta. Gidan ya yi tsit, har kajin kamar sun daina tono. Sai na ji numfashinta ya sarƙe, jikinta ya ɗauki rawa har ina ji a hannuna.

"Innalillahi," ta ce da wata murya da ban san ta da ita ba. "Ga shi."

To fa. Na saki zane na rungume ta ta baya, na ƙwala ihun da sai da akuya ta tsinke igiya. "Baba ka tafi! Don Allah ka tafi! Ba za ta bi ka ba, ni na riga ka wurin! Ka bar mana ita!" Ina ihu ina shure-shure ta baya, ko zan same shi in kore shi. Allah ya yafe mini, uban da ya haife ni nake kai wa hauri.

"Tsaya," in ji Inna. "Ke, tsaya. Ɗago kanki. Mayar da shi inda yake. Buɗe idonki."

"Ba zan buɗe ba!"

"Buɗe, na ce."

Na buɗe ɗaya, sannan ɗayan. A cikin madubin ga Inna, ta rame, ba kwalli, kai a tsefe. A bayan kafaɗarta ta hagu kuma ba likkafani, ba auduga. Wata yarinya ce mai faɗin goshi, da majina har leɓe, ta haɗe gira. Sai da na ɗan jima kafin na gane ni ce, kuma na gane idanun wa na gani a rumbu. Na ji kunya kamar in nutse, na yi yunƙurin janyewa, ta kamo hannuna ta kan kafaɗarta ta riƙe gam.

"Kada ki motsa."

Ta kalle ni. Shekara goma sha ɗaya ina jiran wannan kallo, sai ga shi ya zo ta cikin gilashi. Ba ta yi sauri ba. Ta bi goshina, ta bi girar, ta tsaya a hanci. Ta ce, "Yi murmushi." Na yi abin da na iya cikin kuka, wushiryata ta fito. Sai ta sa bayan hannu ta toshe bakinta, hawaye na bin yatsunta.

"Kowa na faɗi," ta ce, "ni ce ban taɓa dubawa ba. Ashe nan ya bar mini fuskar tasa."

Mun daɗe a haka, har ƙanena ya farka ya fara kuka. Ta naɗe madubin da kanta ta mayar ƙasan adudu. Sannan ta ce wa bango, "A ɗumama mini sauran tuwon nan." Na ɗumama, ta cinye tas, har ta suɗe kwano. Gwaggo ta dawo da la'asar ta ga kwano wayam, ta ce ai da ma ta san saiwar da ta jiƙa jiya ba ta ƙarya. Ba wanda ya musa mata.

Inna ta fita takaba ana ɗibar auduga, aka yi mata kitso, madubi ya koma kan ƙusarsa. Kada mai karatu ya zaci daga nan ta canja. Ba ta fara kiran sunana ba, a gaban mutane kuma ina nan a "waccan". Sai dai kowace safiya, in ta zauna da kwallinta a ƙofar ɗaki, takan ce, "Ke, zo ki ga ko ɗankwalina ya karkace ta baya." Ɗankwalin bai taɓa karkacewa ba. In zo in tsaya ta hagu, in yi kamar ina gyarawa, ita kuma kwallin ya ƙi ƙarewa. Haka muka yi har aka kai ni ɗakin miji, kuma duk zuwan da na yi ganin gida bayan nan sai an gyara ɗankwali.

Ta yi tsawon rai, ta goyi jikoki har da 'ya'yansu. Zuwana na ƙarshe kafin ta kwanta ciwon ajali, ni kaina na haura hamsin. Madubin ya dushe, fentin ya kankare, bayansa ya ci har ya yi ɗigo-ɗigo baƙi. Ta sa aka miƙo mata shi, ta ce, "Ke, zo." Na durƙusa a bayanta ta hagu, gwiwoyina na ƙara. Garin sunkuyawa ɗankwalina ya zame, furfurata ta fito. Ta matso da madubin kusa da idonta, ta kalla, ta kalla. Sai ta yi murmushi irin na yarinya.

"Oho," ta ce. "Ashe haka za shi yi in ya tsufa."